Waiwaye Adon Tafiya: Yadda Lardin Arewa Ya Jefa Ƙuri'a A Zaɓen 1992

Duk wanda ya mallaki hankalinsa a Garwa a shekarar 1992 ba zai manta da ranar Lahadi, 11 ga watan Oktoba ba. A ranar ce, karo na farko tun da Kamaru ta sami 'yancin kai a 1960, aka ajiye wa talaka takardun 'yan takara fiye da ɗaya a rumfar zaɓe, aka ce ya ɗauki wanda ransa ya kwanta da shi ya zama shugaban ƙasa. Tun da sassafe mutanen Fulɓere da Hausare da Yelwa da sauran unguwanni suka fito suka ja layi, maza da mata, har da tsofaffin da a da ba su ga amfanin fita ba, tun da yake an san mai cin zaɓe kafin a buɗe akwati.

Mun ga ya dace mu waiwayi wannan zaɓe ne saboda yawancin matasanmu na yau ba a haife su ba a lokacin, kuma abin da suke ji a majalisa shi ne wai "Arewa duka ta bi Bello Buba, aka yi mata fashi". Wannan magana da ƙamshin gaskiya a cikinta, amma ba ita ce gaskiyar duka ba. Arewa ba ta yi magana da murya ɗaya ba a ranar, kuma sanin dalilin haka zai amfane mu, mu Hausawa, da muke 'yan tsiraru a tsakanin ƙabilu masu yawa.

Tabon da aka shiga zaɓe da shi

Ba za a fahimci ƙuri'ar Garwa ba sai an koma baya shekara goma. Alhaji Ahmadu Ahidjo, shugaban ƙasa na farko, haifaffen Garwa ne, kuma a zamaninsa garin ya ga abin arziki: babban filin jirgin sama, masaƙa, hedkwatar kamfanin auduga na Sodecoton, ga kuma madatsar ruwa ta Lagdo a kan kogin Binuwai. A lokacin, tun daga tudun Adamawa har bakin tafkin Cadi lardi ɗaya ne tak, Garwa ce kuma hedkwatarsa.

A ran 4 ga Nuwamba 1982 Ahidjo ya ba da sanarwar sauka daga mulki, bayan kwana biyu Paul Biya ya hau. Sabon shugaban ya naɗa Bello Buba Maigari, ɗan garin Basheo a gundumar Binuwai, firayim minista. Zaman lafiyar bai kai shekara ba. A ran 22 ga Agusta 1983 aka tuɓe Bello Buba, a wannan wata kuma aka tsaga tsohon lardin gida uku: Adamawa mai hedkwata a Ngaundare, Arewa mai hedkwata a Garwa, da Arewa Mai Nisa mai hedkwata a Marwa. A watan Fabrairu 1984 kotun soja ta yanke wa Ahidjo hukuncin kisa yana ƙasar waje, ko da yake daga baya an sassauta.

Sai kuma ranar 6 ga Afrilu 1984, ranar da wasu sojojin da ke tsaron fadar shugaban ƙasa suka yi yunƙurin juyin mulki a Yawunde, bai yi nasara ba. Shi dai Biya ya ce laifin na wasu tsiraru ne, ba na wani lardi ko wani addini ba, amma abin da ya biyo baya a kan 'yan Arewa ya fi faɗawa. An harbe mutane da dama bayan shari'ar kotun soja, an ɗaure wasu shekara da shekaru, cikinsu har da Isa Ciroma Bakari ɗan Garwa da Dakole Daisala ɗan ƙabilar Tufuri. Bello Buba ya tsallaka Nijeriya gudun hijira. 'Yan'uwanmu na unguwar Birketiri a Yawunde da na New Bell a Duwala sun san irin kallon da aka riƙa yi wa mai babbar riga da hula a wannan lokaci, domin a Kudu duk Musulmin da ya fito daga Arewa "Bahaushe" ake ce masa, ko da kuwa bai iya gaisuwa da Hausa ba. Ahidjo ya rasu a Dakar ran 30 ga Nuwamba 1989, a can aka binne shi, a can kuma aka binne uwargidansa Germaine a 2021.

Da wannan tabo mutanen Garwa suka shiga zamanin jam'iyyu da yawa, bayan an sa hannu a dokar da ta halatta su a watan Disamba 1990. Ga kuma talauci a kan tabon, don tun daga wajen 1986 tattalin arzikin ƙasa ya shiga halin ni-'yasu, farashin man fetur da na amfanin gona ya faɗi a kasuwar duniya, manomin auduga ya ji a jikinsa, ɗan kasuwa ma haka.

Kujera 12 cikin 12

Jam'iyyar UNDP ta sami rajista a watan Maris 1991, Samuel Eboua, mutumin Kudu wanda ya yi aiki da Ahidjo a fadar shugaban ƙasa, shi ne shugabanta na farko. A wannan shekara ce 'yan adawa suka kira zaman gida na watanni da aka yi wa laƙabi da "matattun birane", kasuwanni suka riƙa zama a rufe, aka yi ta arangama da jami'an tsaro a garuruwa da yawa, har da na Arewa. Don kwantar da hankali Biya ya naɗa Sadu Hayatu, ɗan gidan sarautar Garwa, firayim minista a watan Afrilu 1991, aka kuma yi wa fursunonin siyasa afuwa. Bello Buba ya dawo gida a watan Agusta 1991, a babban taron jam'iyyar da aka yi a nan Garwa a farkon Janairu 1992 kuma ya karɓi shugabancinta daga hannun Eboua.

A zaɓen 'yan majalisa na ran 1 ga Maris 1992, wanda jam'iyyar SDF ta John Fru Ndi ta ƙaurace wa, RDPC mai mulki ta sami kujera 88 cikin 180, UNDP ta sami 68, UPC 18, MDR ta Dakole Daisala kuma 6. A Lardin Arewa UNDP ta kwashe kujeru 12 duka, a Adamawa ta kwashe 10 duka. RDPC ba ta kai rinjayen da take bukata ba sai da ta haɗa kai da MDR, wadda duk kujerunta daga Arewa Mai Nisa suke, aka ba Dakole muƙamin minista.

Wannan sakamako ya rufe wa mutane da yawa ido. Sun ɗauka tun da UNDP ta cinye 12 cikin 12, to kowa da kowa nata ne a lardin. Abin da ba su lura da shi ba shi ne tsarin zaɓen majalisa: jerin sunayen da ya sami fiye da rabin ƙuri'un mazaɓa shi ke kwashe kujerun mazaɓar gaba ɗaya. Watau jam'iyya na iya samun kashi 55 cikin ɗari ta tafi da komai, masu kashi 45 su tashi a tutar babu, kamar ba su fito ba. Zaɓen shugaban ƙasa kuwa kowace ƙuri'a ana lissafa ta, a nan ne ɓoyayyun suka bayyana.

Abin da akwatuna suka faɗa

A 1993 ya kamata a yi zaɓen shugaban ƙasa, amma a watan Agusta 1992 Biya ya matso da shi zuwa Oktoba. 'Yan adawa sun nemi a yi zagaye biyu, gwamnati ta ƙi, aka tsaya a kan zagaye ɗaya, wanda ya fi yawan ƙuri'a shi ya ci ko da bai kai rabi ba. Babu hukumar zaɓe mai zaman kanta a lokacin, ma'aikatar cikin gida ce ke shirya komai ta hannun gwamnoni da shugabannin gundumomin da gwamnati ta naɗa. An yi ta ƙoƙarin 'yan adawa su tsayar da mutum ɗaya, abin ya faskara. Eboua ya koma bayan Fru Ndi, Bello Buba ya tsaya da kansa, Adamu Ndam Njoya na Fumban ma ya tsaya.

Ga sakamakon da Kotun Ƙoli ta bayyana ran 23 ga Oktoba: Biya kashi 39.98 cikin ɗari, Fru Ndi 35.97, Bello Buba 19.22, Ndam Njoya 3.62, sauran biyun ba wanda ya kai kashi 1. A Adamawa Bello Buba ya sami kashi 64.04. A Lardin Arewa, inda aka yanke masa cibi, inda wata bakwai kafin nan jam'iyyarsa ta share kujeru duka, kashi 50.42 ya samu, Biya kuma ya haura kashi 40. A Arewa Mai Nisa, lardin da ya fi sauran biyun yawan jama'a, Biya ne ya zo na ɗaya, Bello Buba na biye da shi. Fru Ndi, wanda ya mamaye Arewa Maso Yamma da Yamma da yankin Duwala, abin da ya samu a nan bai taka kara ya karya ba.

Dole mu faɗa cewa waɗannan alƙaluma na hukuma ne, kuma an yi ta jayayya a kansu. Masu sa ido na cibiyar NDI ta Amurka sun ce an tafka maguɗi mai yawa. Ita kanta Kotun Ƙoli ta ambaci kurakuran da aka samu, sannan ta tabbatar da sakamakon. Fru Ndi ya ce shi ya ci, aka tsare shi a gidansa a Bamenda, aka kafa dokar ta-ɓaci a lardinsa. Amma ko an cire abin da maguɗi ya ƙara, ba mai musun cewa dubban mutane a Lardin Arewa sun zaɓi Biya da hannunsu, da saninsu. To, su wane ne, kuma me ya sa?

Arewa ba gida ɗaya ba ce

Wanda bai taɓa fita daga cikin birnin Garwa ba zai iya zaton lardin duka Fulani ne da Hausawa da Barebari. Ba haka ba ne. Gundumomi huɗu ne: Binuwai, Mayo Luti mai hedkwata a Gidar, Faro mai hedkwata a Poli, da Mayo Rey mai hedkwata a Colire. A cikinsu akwai Fali da Gidar da Daba da Dowayo da Dii da Mbum da Bata, ga kuma Tufuri da Mundang da Mafa da sauran manoman da suka gangaro daga Arewa Mai Nisa tun daga shekarun 1970 suka zauna a kwarin Binuwai. Da yawansu Kirista ne, wasu masu addinin gargajiya, wasu Musulmi.

Tarihin da muke faɗa da alfahari, na Modibbo Adama da ya karɓo tuta daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo a farkon ƙarni na 19 aka kafa lamiɗai a ƙarƙashin Yola, su wani abu dabam kakanninsu suka gaya musu game da shi: hare-hare, bauta, gudu kan duwatsu. Jamusawa da Faransawa ta hannun lamiɗai suka yi mulki, Ahidjo ma da su ya jingina. A zamaninsa mutane da yawa daga waɗannan ƙabilu sun ga cewa sai mutum ya sauya suna da sutura kafin ya sami muƙami a ƙasar haihuwarsa. Saboda haka tsaga lardin da aka yi a 1983, wanda ɗan Garwa ya ɗauka rage masa girma ne, wani a Yagwa ko Mokolo ko Kaele numfashi ya samu. Da UNDP ta zo tana tuna wa mutane zamanin Ahidjo, abin da ya faranta ran wani shi ya tayar da hankalin wani. A kan wannan damuwa Dakole Daisala ya gina MDR, ita kuma RDPC ta ci moriyarta. Gaskiya ɗaci gare ta, amma gara mu ji ta daga bakin junanmu.

Dalili na biyu shi ne sarakuna. Tun daga dokar 1977 gwamnati ke tabbatar da naɗin sarki, ita ke ba shi albashi, tana kuma iya tuɓe shi. Lamiɗo da yawa zuciyar talakawansu na wani wuri, rawaninsu na wani wuri. A ƙasar Rey Buba, inda ikon lamiɗo ya fi na ko'ina ƙarfi, 'yan UNDP sun sha wuya, har ƙungiyar Amnesty ta ba da rahoton rasuwar ɗan majalisarsu Haman Adama Dauda a watan Fabrairu 1996, bayan dukan da aka ce dogarawan fada sun yi masa. Dalili na uku kuwa manyan ma'aikata da attajiran da cinikinsu ke rataye da gwamnati, waɗanda suka ga cewa wanda ke cikin ruwa ba ya faɗa da kada.

Ya kamata mu tuna kuma cewa wannan rabuwa ta zubar da jini. A ƙarshen Janairu 1992, a garin Kusiri, rigima a kan katin zaɓe ta rikiɗe ta zama faɗa tsakanin Kotoko da Larabawan Shuwa, aka yi asarar rayuka masu yawa, alhali kuwa duka ɓangarorin biyu alƙibla ɗaya suke fuskanta.

Lissafin zagaye ɗaya

Tazarar da ke tsakanin Biya da Fru Ndi a lissafin hukuma ba ta kai ƙuri'a 120,000 ba. Ƙuri'un Bello Buba kuwa sun kusa 570,000, watau kusan ninki biyar na wannan tazara. Mutum shida cikin goma da suka jefa ƙuri'a ba su zaɓi Biya ba, amma shi ya ci, domin zagaye ɗaya ne. Har yau akwai masu cewa da Bello Buba ya janye wa Fru Ndi da labari ya sha bamban. Wasu kuma na amsa musu da cewa ƙuri'a ba garken shanu ba ce da za a kora daga wannan makiyayi zuwa wancan, kuma babu tabbacin cewa dattijon Garwa da ya fito don tunawa da Ahidjo zai yarda ya zaɓi mai sayar da littattafai daga Bamenda wanda bai sani ba. Kowane ɓangare na da hujjarsa. Abin da ba a jayayya a kansa shi ne, Arewa ce ta riƙe ma'aunin zaɓen, amma ba ta ci ba.

Abin da ya biyo baya kuwa ya kamata matasa su riƙe shi da kyau. A ran 27 ga Nuwamba 1992, mako bakwai bai cika ba da zaɓe, manyan UNDP biyu, Hamadu Mustafa da Isa Ciroma, suka karɓi muƙaman minista ba da yardar shugaban jam'iyyarsu ba, daga baya aka kore su suka kafa tasu. UNDP ta ƙaurace wa zaɓen shugaban ƙasa na 1997, amma a watan Disamba na shekarar Bello Buba da kansa ya shiga gwamnati, ya kuma zauna a cikinta har 2025. Kujerun jam'iyyar suka sauko daga 68 zuwa 13 a 1997, zuwa 1 tak a 2002. Shi kuwa talakan da ya sha rana a layi, abin da ya gani shi ne rage albashin ma'aikata a 1993 da karya darajar sefa da rabi a Janairu 1994.

Bayan shekara 33, a zaɓen 12 ga Oktoba 2025, Isa Ciroma da Bello Buba duka sun ajiye muƙamansu sun tsaya takara, kowa da tutarsa. Majalisar Tsarin Mulki ta ba Biya kashi 53.66, Ciroma 35.19, Bello Buba bai kai kashi 3 ba. Ciroma ya ce shi ya ci, aka yi zanga-zanga a Garwa da Duwala da wasu garuruwa, aka rasa rayuka, shi kuma ya bar ƙasar. Fuskoki sun tsufa, amma tambayoyin 1992 suna nan yadda aka bar su.

Ina muka tsaya, mu Hausawa?

Ba a ƙidaya ƙuri'a da ƙabila, don haka ba wanda zai kawo alƙaluman yadda Hausawa suka yi zaɓe a 1992. Abin da muka sani shi ne abin da muka gani a unguwanninmu: galibinmu inda maƙwabtanmu Fulani suka karkata nan muka karkata, saboda masallaci ɗaya, kasuwa ɗaya, auratayya, da kuma tabon 1984 da ya shafe mu tare. Wannan ba abin kunya ba ne. Abin tambaya shi ne, da aka zo rabon abin da ƙuri'ar ta haifar, wa ya tuna da mu? Kakanninmu sun shigo ƙasar nan da fataucin goro da tufafi da sana'ar fawa da malanta tun kafin Bajamushe ya ci Garwa da yaƙi a 1901, amma har gobe ana samun ɗanmu da za a ce ya kawo shaidar cewa shi ba baƙo ba ne daga Nijeriya kafin a ba shi katin ɗan ƙasa.

Darasi na farko ke nan: takarda. Wanda ba shi da takardar haihuwa zai sha wuya kafin ya sami katin ɗan ƙasa, wanda ba shi da katin ɗan ƙasa kuwa ba shi da katin zaɓe, ba ya cikin lissafin kowa. Ba a fafe gora ranar tafiya. Uban da ya yanka ragon suna bai je ya yi wa jaririn rajista ba, ya rage wa al'ummarsa murya ɗaya nan da shekara 20, domin a ƙasar nan sai mutum ya cika 20 yake zaɓe. Muna kira ga limamai da masu unguwanni da shugabannin 'yan kasuwa da su sa wannan a gaba, har da 'ya'ya mata.

Na biyu, mu daina ba da ƙuri'a kyauta saboda sunan wani mamaci ko kamannin rigar ɗan takara. Mai neman ƙuri'armu, ko daga wace jam'iyya yake, a zaunar da shi a tambaye shi batun ruwan sha da makaranta da asibiti da rumfunan kasuwa, da yawan 'ya'yanmu da ya sa a jerin sunayen 'yan takararsa na majalisar gari. 'Yan tsiraru ba sa naɗa shugaban ƙasa su kaɗai, amma a zaɓen gari, inda 'yan ɗaruruwan ƙuri'u ke raba gardama, unguwa ɗaya mai haɗin kai tana da daraja.

Na uku, kuma mafi nauyi, shi ne maƙwabtaka. Wanda ya zaɓi Biya a Poli ko Gidar a 1992 ba maƙiyinmu ba ne, yana da nasa tarihin da nasa tsoron, kamar yadda muke da namu. Shi ke kawo mana dawa da gyaɗa da masara kasuwa, mu ke sayar masa da atamfa da nama. Mu da muke zaune a kowane gari na ƙasar nan, daga Kusiri har Duwala, mu ne farkon waɗanda wuta ke ci idan siyasa ta koma ta ƙabila da addini, domin shagonmu a bakin hanya yake. Idan 'yan siyasar da suka yi ta zagin juna a 1992 sun iya zama a teburi ɗaya kafin shekarar ta ƙare, ba mu ga dalilin da zai sa talaka ya ƙulla gaba da maƙwabcinsa saboda su ba.

Allah Ya jiƙan waɗanda suka rasa rayukansu a waɗannan shekaru, Ya zaunar da ƙasarmu lafiya, Ya ba mu shugabanni masu tausayin talakawa. Amin.